Sharaɗin rigakafi a jami'o'in waje: dalilin da ya sa katin yarinta ba ya wadatar da sabon ɗalibi

Ɗalibin da ya samu gurbin karatu a wata jami'a ta Amurka yakan tattara hankalinsa kan abubuwa uku: kuɗin makaranta, biza da tikitin jirgi. Cikin tarin saƙonnin da jami'ar ke turo masa akwai guda ɗaya daga cibiyar lafiyar ɗalibai, wanda aka fi tsallakewa saboda bai yi kama da na gaggawa ba, alhali shi ne zai iya hana shi rajistar darussa, ko karɓar makullin ɗaki, bayan ya riga ya sauka a ƙasar. Saƙon yana neman hujjar cewa an yi wa ɗalibin wasu allurai na rigakafi, kowace da ranarta da watanta da shekararta. Matsalar da 'ya'yanmu suka fi fuskanta a nan ba tsoron allura ba ce, kuma sau da yawa ba rashin rigakafin ba ne. An yi musu rigakafi bisa jadawalin ƙasarsu, jami'ar kuma tana auna su da jadawalin tata ƙasar, cike giɓin da ke tsakanin biyun kuwa yana cin makonni, wani lokaci watanni, waɗanda babu yadda za a yi a gajarta su.

Da farko yana da kyau a san wane ne ke neman wannan hujja. Ofishin jakadancin Amurka ba ya tambayar mai neman bizar karatu katin rigakafi. Wannan sharaɗi yana kan masu neman izinin zama na dindindin. Gwamnatin tarayyar ƙasar ma ba ta da doka guda da ta ɗaure dukkan jami'o'i. Hukumar yaƙi da cututtuka ta ƙasar, CDC, shawara take bayarwa, jihohi su kafa doka, sannan kowace jami'a ta ƙara nata sharaɗin a kai. Shi ya sa abin da aka nema daga wani ɗan'uwa da ya yi karatu a wata jiha ba lallai ne ya zama abin da za a nema daga gare ka ba. A jihar New York, dokar lafiya ta wajabta wa duk ɗalibin da aka haifa daga ranar 1 ga Janairun 1957 zuwa yau ya nuna yana da kariya daga ƙyanda da hangum da rubela, wato ƙyandar Jamus, kuma ta ba da wa'adin kwana 30, wanda ake iya tsawaitawa zuwa 45 ga wanda ya zo daga wata ƙasa. Jihar Massachusetts ta fi faɗaɗawa: ban da waɗannan uku tana neman na ƙarambau, na ciwon hanta nau'in B, na tetanos da mashaƙo da tarin shiƙa, da na sanƙarau ga masu shekara 21 zuwa ƙasa. Jihar Texas kuwa a kan sanƙarau ta fi tsanantawa.

Waɗannan dokoki daga abin da ya faru a makarantun aka samo su. Ɗakunan kwanan ɗalibai, inda matasa daga jihohi da ƙasashe daban-daban ke cuɗanya a ɗaki ɗaya da ɗakin cin abinci ɗaya, wuri ne da cuta mai bin iska ko yawu ke saurin yaɗuwa. Ƙwayar ƙyanda tana iya zama a iskar ɗaki har awa biyu bayan mai ita ya fita, kuma cikin mutum 10 marasa kariya da suka kusance shi, 9 na iya kamuwa. Ɓarkewar ƙyanda a makarantu da jami'o'i na cikin abin da ya sa a 1989 aka koma ba da shawarar allura biyu maimakon ɗaya. A 2006 hangum ya kama fiye da mutum 6,500 a Amurka, akasari a jihohin tsakiyar ƙasar, kuma ɗaliban jami'a ne suka fi yawa a cikinsu. A Afrilun 2019 an killace ɗaruruwan ɗalibai da ma'aikata a jami'o'i biyu na birnin Los Angeles, ba don sun kamu da ƙyanda ba, sai don an yi zaton sun haɗu da mai ita kuma ba su iya nuna takardar rigakafi nan take ba. Dokar Texas ta 2011 ma tana ɗauke da sunayen ɗalibai biyu, Jamie Schanbaum wadda sanƙarau ya raba da ƙafafunta da yatsunta, da Nicolis Williams wanda ya mutu a farkon wannan shekarar.

Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne allurar MMR, wadda ta haɗa ƙyanda da hangum da rubela. Jami'o'in Amurka suna neman biyu: ta farko a ranar da yaro ya cika shekara ɗaya ko bayanta, ta biyu kuma aƙalla kwana 28 bayan ta farko. A Najeriya da Nijar kuwa ana yi wa yaro allurar ƙyanda yana da wata 9, kuma akwai hikima a cikin hakan, domin a inda ƙyanda ke yawo sosai, jiran cikar shekara na nufin barin jarirai a buɗe a lokacin da cutar ta fi kashe su. Sai dai a wata 9 ragowar garkuwar da jariri ya samu daga uwarsa tana iya rage ƙarfin allurar, ta kare kimanin yara 85 cikin 100, yayin da allura biyu da aka fara bayan shekara ɗaya ke kare kimanin 97. Saboda haka ma'aikaciyar da ke duba takardu a jami'a ba za ta ƙirga allurar wata 9 ba ko da katin na gaskiya ne kuma yana da hatimi. Sannan allurar da aka yi wa matasan da ke shiga jami'a yanzu ta ƙyanda ce zalla. Allurar ƙyanda ta biyu, ta wata 15, sai a 2019 ta fara shiga jadawalin Najeriya, na hangum kuma ba ya cikin rigakafin da gwamnati ke yi wa yara kyauta. Wanda aka yi wa komai a asibitin gwamnati, uwarsa ba ta tsallake ko mako ɗaya ba, zai iya samun kansa a lissafin jami'a tamkar wanda bai taɓa karɓar MMR ba.

Mafita biyu ce. Ko dai a yi gwajin jini da ke nuna akwai garkuwa daga cututtukan uku, ko kuma a yi alluran biyu daga farko. Gwajin jinin yana da amfani ga wanda ya yi ƙyanda ko hangum yana yaro, amma yana da sharaɗi: dole a tura ainihin sakamakon ɗakin gwaji, ba wasiƙar likita mai cewa ya duba ba, kuma idan ɗaya daga cikin ukun ya fito babu garkuwa, ko ya fito tsaka-tsaki, sai an koma ga allurar. A ganina wanda lokaci ya ƙure masa ya fi dacewa ya tafi kai tsaye ga allurar, tunda maimaita ta ga wanda ya riga ya samu kariya ba ya cutarwa, kuma kuɗin gwaje-gwaje uku yakan kai ko ya wuce na allurar. Banda mace mai juna biyu da wanda garkuwar jikinsa ta yi rauni saboda ciwo ko magani. Su ba a yi musu MMR ko ta ƙarambau, domin allurai ne masu ɗauke da ƙwayar cuta mai rai da aka raunana. Matar da aka yi wa ana ba ta shawarar ta jinkirta ɗaukar ciki wata guda.

Sanƙarau ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa, wadda ke tsakiyar yankin da cutar ke ɓarkewa lokacin zafi, daga Senegal zuwa Habasha. Wannan sanayya kanta takan jawo kuskure, domin matashi zai ce ai an yi masa allurar sanƙarau a makaranta ko a ƙofar gidan mai unguwa, kuma gaskiya ya faɗa. Allurar MenAfriVac, wadda aka fara a Burkina Faso da Mali da Nijar a ƙarshen 2010, a Najeriya kuma a 2011, ga masu shekara 1 zuwa 29, ta kusan kawar da nau'in A na ƙwayar cutar. Amma nau'in A kaɗai take karewa. Annobar da ta auka wa Yamai a 2015, da wadda ta kama fiye da mutum 14,000 a 2017, akasari a Zamfara da Sakkwato da Katsina, ta kashe fiye da 1,100, nau'in C ne ya haddasa su. Abin da jami'o'in Amurka ke nema shi ne allurar da ta haɗa nau'i huɗu, A da C da W da Y, irin wadda Saudiyya ta wajabta wa mahajjata bayan ɓarkewar nau'in W a aikin Hajjin 2000 da 2001, kuma ana so a yi ta bayan ɗalibi ya cika shekara 16. A Texas, ɗalibin da bai kai shekara 22 ba sai ya nuna an yi masa ita cikin shekara 5 da suka wuce, kuma aƙalla kwana 10 kafin ranar fara zangon karatu. Wanda ya sauka saura kwana uku a fara darasi bai cika wannan sharaɗi ba ko da ya yi allurar a ranar da ya isa.

Akwai wani bambanci da ya kamata a tambayi mai yin allurar. Allurar nau'i huɗu iri biyu ce, tsohuwa da sabuwa, kuma jami'o'i da yawa sabuwar kaɗai suke karɓa saboda kariyarta ta fi daɗewa. Daga cikin sunayenta na kasuwa akwai Menveo da Nimenrix da MenQuadfi. Shi ya sa rubuta sunan allurar a kati yake da muhimmanci. A 2024 Najeriya ta zama ƙasa ta farko da ta fara amfani da Men5CV, wadda ta haɗa waɗannan huɗu da nau'in X. Wanda ya karɓe ta ya tura wa cibiyar lafiyar jami'ar cikakken sunanta ya nemi amsa a rubuce. Nau'in B kuma, wanda ya ɓarke a Jami'ar Princeton a 2013, yana da allurarsa daban, kuma a yawancin jami'o'i shawara ce ba tilas ba. Ko da jami'a ba ta tilasta komai ba, cutar da ke kashe mutum 10 zuwa 15 cikin 100 da suka kamu duk da magani, wani lokaci cikin kwana ɗaya, ta cancanci a nemi allurarta.

Tarin fuka ba rigakafi ake nema a kansa ba, gwaji ne, amma a fom ɗaya suke zuwa. Duk wanda aka haifa ko ya daɗe a ƙasar da cutar ke da yawa, kamar Najeriya da Nijar da Ghana da Kamaru da Chadi da Sudan, za a nemi ya yi. Da yawa daga cikinmu muna da tabon lamba a dantse, alamar allurar BCG da ake yi wa jarirai, kuma ita tana iya sa gwajin fata ya nuna alamar cuta alhali babu ita. Don haka jami'o'i da yawa suka fi son gwajin jini, irin su QuantiFERON ko T-SPOT, waɗanda BCG ba ta ruɗa su. Wasu suna karɓar wanda aka yi a gida cikin 'yan watannin ƙarshe, wasu kuma sai wanda aka yi a Amurka. Idan sakamako ya nuna akwai ƙwayar, ba korar ɗalibi ake yi ba. Hoton ƙirji ake ɗauka, idan ya fito lafiya to ƙwayar a kwance take, mai ita ba ya ciwo kuma ba ya yaɗa ta, kuma Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa kimanin kashi ɗaya cikin huɗu na mutanen duniya sun taɓa ɗaukar ta. Akan ba da maganin wata 3 ko 4 don kada ta farka daga baya, kuma karɓarsa alheri ne ga ɗalibin kansa.

A nan ne jerin abubuwa yake da tasiri, kuma a nan ne ake asarar wata guda ba tare da an sani ba. Allurar MMR tana iya danne sakamakon gwajin tarin fuka na ɗan lokaci, don haka ko dai a yi gwajin kafin allurar, ko a rana ɗaya da ita, ko kuma a jira aƙalla mako 4. Haka nan allurai biyu masu ƙwaya mai rai, kamar MMR da ta ƙarambau ko ta zazzaɓin shawara, ko a yi su rana ɗaya ko a raba su da aƙalla kwana 28. Idan aka yi ɗaya yau ɗaya bayan mako guda, ta biyun ba ta ƙirguwa, sai an sake. Wanda ya san wannan zai je asibiti rana guda a ɗebi jininsa don gwajin tarin fuka, a yi masa MMR da ta ƙarambau da ta sanƙarau, ya dawo bayan mako 4 zuwa 6 don zagaye na biyu. Wanda bai sani ba zai yi ta yi ɗaya bayan ɗaya har ranar tafiya ta riske shi.

Sauran ba su da sarƙaƙiya sosai. Ƙarambau allura biyu ce, kuma cewa an yi ciwon a yarinta ba ya isa sai da shaidar likita ko gwajin jini. Ta tetanos da ake nema ita ce Tdap, cikin shekara 10 da suka wuce. Wadda aka saba yi a asibitocinmu bayan rauni ko lokacin awon ciki ba ta ƙunshi tarin shiƙa ba, don haka ba ta maye gurbinta. Ciwon hanta nau'in B ne ya fi cin lokaci: allura uku, ta biyu bayan wata 1, ta uku bayan wata 6 daga ta farko, ko da yake a Amurka akwai wata ta manya mai allura biyu a wata guda. Jami'o'i sukan bar wanda ya fara ya ƙarasa a can. Najeriya ta sa wannan allura a jadawalin yara a 2004, don haka wasu suna da ita a katinsu. Amma tunda binciken ƙasa na 2018 ya nuna kimanin kashi 8 cikin 100 na manya a Najeriya suna ɗauke da ƙwayar, mafi yawansu ba su sani ba, ya fi kyau a yi gwaji kafin allura. Wanda aka samu yana da ita allurar ba za ta amfane shi ba, kulawar likita yake buƙata, kuma hakan ba ya hana shi karatu, sai dai masu karatun likitanci da jinya suna da ƙarin ƙa'idoji kafin su fara taɓa marasa lafiya.

Takardar kanta tana da nata sharuɗɗa. Dole sunan da ranar haihuwar da ke kanta su yi daidai da na fasfo, wanda ba ƙaramin abu ba ne a wurinmu, inda katin jariri kan ɗauki sunan uwa ko laƙabi, ko a rubuta Muhammadu a nan Mohammed a can. Dole kowace allura ta zo da cikakken kwanan wata. Rubuta cewa an kammala rigakafin yarinta ba ya wadatarwa. Amurkawa suna fara rubuta wata kafin rana, don haka 03/08 a wurinsu 8 ga Maris ne ba 3 ga Agusta ba, kuma wannan juyi kaɗai yana iya mayar da tazarar da ta cika ta koma ba ta cika ba. Rubuta sunan watan da haruffa yana kawar da ruɗanin. Ɗalibai daga Nijar da Chadi da Kamaru, waɗanda katinsu ke cikin Faransanci, za a nemi su kawo fassara zuwa Turanci, su kuma lura cewa VAR a katinsu ƙyanda ce kaɗai, ROR ce daidai da MMR. Likita ko ma'aikacin jinya ne ke sa hannu da hatimi, kuma jami'o'i da yawa ba sa karɓar sa hannun ɗan'uwa ko da likita ne.

Katin da ya ɓace yana jefa mutane cikin jarabawa, domin ba a rasa wanda zai cike fom da kwanakin ƙarya ya buga hatimi a kan 'yan kuɗi. Ina ganin wannan ita ce shawara mafi muni da za a ba matashi mai shirin tafiya. Jami'a tana ɗaukar takardar bogi a matsayin laifin da zai iya kai wa ga kora, kuma ko ba a gano ba, ɗalibin ya shiga ɗakin kwana da mutane ba shi da kariya, su kuma suna zaton yana da ita. Rashin kati ba laifi ba ne a wurinsu. Wanda bai da shi sai ya fara daga farko, kuma hanyar a buɗe take.

Wasu iyaye da ɗalibai suna da damuwa ta addini, musamman kan sinadarin jelatin da ake samowa daga alade, wanda ke cikin wasu allurai, ciki har da ɗaya daga cikin nau'o'in MMR. Tambaya ce da ta cancanci amsa. A 1995 wani taron malaman fiƙihu da likitoci da Ƙungiyar Musulunci ta Kimiyyar Likitanci ta shirya a Kuwait ya tafi a kan cewa abin da ya rikiɗe ya zama wani abu daban ya tsarkaka. Wanda zuciyarsa ba ta natsu ba yana da wata hanya, domin allurar MMR mai suna Priorix ba ta ɗauke da jelatin, ana amfani da ita a Birtaniya, kuma Amurka ta amince da ita a 2022. Jihohi da yawa suna ba da damar neman a ɗauke wa ɗalibi sharaɗin bisa dalilin addini ko na lafiya, amma wanda aka ɗauke wa ya sani cewa idan ƙyanda ta ɓulla za a iya hana shi shiga aji da ɗakin kwana har kwana 21, ko da lokacin jarrabawa ne.

A wasu ƙasashen nauyin yana wani wuri. Jami'o'in Birtaniya ba sa tilasta rigakafi ga yawancin ɗalibai, amma tun 2015 ana ba sabbin ɗaliban da ba su kai shekara 25 ba allurar sanƙarau ta nau'i huɗu kyauta da zarar sun yi rajista da likitan unguwa, haka ma MMR. Abin da ke tilas a can shi ne takardar gwajin tarin fuka daga asibitin da gwamnatin Birtaniya ta amince da shi, ga mai neman bizar fiye da wata 6, kuma takardar wata 6 take aiki. Masu zuwa Masar ko Indiya ko Malesiya kuwa katin allurar zazzaɓin shawara ne ake tambayarsu tun a filin jirgi. Katin yana fara aiki kwana 10 bayan allura, kuma tun Yulin 2016 allura ɗaya ta wadatar har ƙarshen rayuwa. A Indiya wanda ya isa ba shi da shi ana iya killace shi har kwana 6.

Ga mai zuwa Amurka, wata 3 kafin tafiya shi ne mafi ƙarancin lokacin da zai ishe shi ba tare da gaggawa ba, wata 7 kuma idan yana son kammala ta ciwon hanta a gida. Idan wata allura ba ta samuwa a garinsu, kamar Tdap ko ta ƙarambau da akan sha wahalar samu sai a manyan asibitoci masu zaman kansu, ya rubuta wa cibiyar lafiyar jami'ar tun kafin wa'adi ya cika, ya tura abin da ya samu, ya nemi a ba shi ranar da zai ƙarasa sauran idan ya iso. Sau da yawa inshorar lafiyar ɗalibai tana biyan kuɗinsu a asibitin makarantar. Jami'a takan yi sassauci ga wanda ya fara kuma ya yi magana, ta kulle rajistar wanda ya yi shiru. Kulle rajista kuma ya fi tsada ga ɗalibin waje fiye da ɗan ƙasa, domin bizar karatu ta rataya ne a kan ɗaukar cikakken adadin darussa a kowane zango, kuma jami'a tana da wajibin sanar da hukumar shige da fice idan ɗalibi bai yi rajista ba.